Finafinan Iran: takunkumi ne ya gina su, ko kuwa duk da takunkumin suka ginu?

Baban Hanifa:
Assalamu alaikum 'yan zaure. Jiya bayan isha'i muka tafka gardama da wani abokina, har na kwana da maganar a raina. Cewa ya yi tsananin tacewa ne ya ɗaga finafinan Iran a duniya, don haka mu ma a ƙara ɗaure 'yan fim ɗinmu tamau, za mu ga aiki mai kyau. Na sha jin wannan magana, kuma ban yarda da ita ba. Wanda duk ya bi tarihin zai ga cewa tun zamanin sarakuna har zuwa na malamai, hukuma a Iran hannu biyu take sa wa fim: ɗaya na miƙa kuɗi, ɗaya na toshe baki. Masu kafa mana hujja da Iran hannu ɗaya kaɗai suke gani.

Tun farko ma a fada abin ya tsiro. A 1900 Sarki Muzaffaruddin Shah ya je yawon Turai, ya ga majigi ya ba shi sha'awa, ya sa mai ɗaukar hotonsa, Mirza Ibrahim Khan Akkasbashi, ya sayo kyamara. Abin da aka fara ɗauka da ita bikin furanni ne a garin Ostend na Beljiyam. Fim na farko mai magana da Farisanci kuwa, Dokhtar-e Lor, wato 'yar ƙabilar Lor, ba a Iran aka yi shi ba. A Bombay aka yi shi a 1933, Abdulhusain Sepanta da Ardeshir Irani, mutumin da ya yi wa Indiya fim ɗinta na farko mai magana. Kun ga ke nan, rijiyar da 'yan fim ɗinmu suka sha, su ma daga ita suka fara ɗiba.

Ɗan Damagaram:
Wa alaikumus salam. To ni wannan sabon karatu ne a wurina. Abin da na sani na Iran shi ne Annabi Yusuf da Mukhtar, waɗanda ake tura mana a waya da fassarar Hausa. Kana nufin su ma sun taɓa yin rawa da waƙa irin na Indiya?

Baban Hanifa:
Sosai ma, ɗan'uwa. Kusan shekara talatin suna yi, har masu sharhi suka laƙaba wa irin waɗannan finafinai sunan raini, filimfarsi. Gidan rawa, mawaƙiya, dambe, talaka mai zuciya ya auri 'yar attajiri. Babban jaruminsu Muhammad Ali Fardin ɗan kokawa ne da ya ciyo wa ƙasarsa lambar azurfa a gasar duniya kafin ya shiga fim. Fim ɗinsa Ganj-e Qarun, wato taskar Ƙaruna, na 1965, ya tara jama'a ba kaɗan ba.

Amma a cikin wannan hayaniya wasu suka ɓalle. A 1969 Dariush Mehrjui ya yi Gav, ma'ana saniya. Wani ɗan ƙauye ne, Mash Hasan, saniyarsa ita kaɗai ce a duk ƙauyen. Yana kai ta tafki ya wanke ta da hannunsa, yana yi mata magana, ya kwana kusa da ita. Ya yi tafiya, saniyar ta mutu da ciki. Mutanen gari suka ji tsoron gaya masa, suka binne ta a ɓoye, suka haɗa baki cewa guduwa ta yi. Da ya dawo bai yi kuka ba, bai yi faɗa ba. Ya shiga garken ya zauna, ya fara cin ciyawa, in an kira sunansa ya ce shi ba Hasan ba ne, saniyar Hasan ce. Duk wanda ya taɓa ganin makiyayin da aka kore wa shanu ba sai an fassara masa fim ɗin nan ba.

Ga inda nake son ku lura. Ma'aikatar al'adu ta gwamnatin sarkin lokacin, Muhammad Reza Shah, ce ta ba da kuɗin yin fim ɗin, ita ce kuma ta hana a nuna shi, don ya tona talaucin karkara a lokacin da sarki ke shelar ƙasa ta ci gaba. Ta ɓarauniyar hanya aka fitar da shi zuwa bikin finafinai na Venice a 1971, ya samu kyautar masu sharhi. Wannan fa shekara takwas ne kafin juyin juya hali.

Malam Ila:
Baban Hanifa, ka kawo tarihi, Allah ya ƙara sani. Amma tarihin naka ni yake goya wa baya. Fim nawa irin Gav aka yi a wancan zamani, nawa kuma na tsiraici? Ranar da Khumaini, jagoran juyin, ya dawo ƙasar, 1 ga Fabrairu 1979, a jawabinsa na maƙabartar Beheshti Zahra ya faɗa ƙarara cewa ba silima suke yaƙi da ita ba, alfasha suke yaƙi da ita. Kuma an san ya yaba wa Gav ɗin da kake magana. Da aka share rawa da waƙa, sai masu basira suka samu fili. Ai sai an nome ciyawa dawa ke tashi.

Kawu Na Fagge:
Ku yi mini haƙuri in sa baki, ni tsoho ne a cikinku. Kafin a kai ga jawabin nan akwai gobara. A watan Agusta 1978 aka banka wa silimar Rex wuta a garin Abadan, mutane na ciki suna kallo, ƙofofi a rufe. Wajen mutum 400 suka ƙone. Ina saurayi lokacin, a rediyo muka ji. Mahaifina yana zaune a kan buzu, da ya ji labarin sai ya yi shiru, can ya ce, "El-Duniya." Yana nufin gobarar silimar El-Duniya ta nan Kano a 1951, wadda ta ci fiye da mutum 300. Ya san wasu daga cikinsu. Ya ce abin da ya fi yi masa ciwo ba wutar ba ce, maganganun da suka biyo baya ne, masu cewa ai wanda ya mutu a gidan silima shi ya jawo wa kansa. Tamu haɗari ce, ta Abadan kuwa da gangan aka yi. Don Allah in ana maganar share ciyawa a riƙa tunawa da waɗannan bayin Allah.

Malam Ila:
Allah ya jiƙansu, Kawu. Ba wannan nake nufi ba, kuma ba mai hankalin da zai goyi bayan ƙona mutane.

Abu Zahra:
Kawu, Allah ya ƙara girma. Amma a lokacin jama'ar Iran 'yan sandan ciki na Shah, wato SAVAK, suka ɗora wa alhakin Rex, shi ya sa zanga-zanga ta ƙara ƙarfi. Ni abin da ke damuna da irin wannan hira shi ne, da ma'aunin Turawa muke auna komai. Wane fim ne mai kyau? Wanda aka ba kyauta a Faransa ko Jamus. Su kuwa wane suke ba kyauta? Wanda ya nuna Iran a matsayin kurkuku. An yi yaƙi da Iraƙi daga 1980 zuwa 1988, an yi finafinai masu yawa a kan wannan yaƙi, irin na Ibrahim Hatamikia, da shirye-shiryen Murtaza Avini wanda nakiya ta kashe a 1993 yana bakin aiki a tsohon fagen daga. Wa ya taɓa jin an kira sunansu a irin wannan zaure?

Baban Hanifa:
Abu Zahra, maganarka biyu ce. Ta Rex, gaskiya ne SAVAK aka zarga a 1978. Amma shari'ar da aka yi a 1980, a ƙarƙashin sabuwar gwamnati, ta fito da wani saurayi, Husain Takbalizadeh, wanda ya amsa da bakinsa cewa yana cikin waɗanda suka sa wutar, kuma shi ba ma'aikacin Shah ba ne, daga ɓangaren masu adawa da sarki yake. An kashe shi tare da wasu. Gidajen silima fiye da ɗari aka ƙona ko aka rushe a watannin juyin.

Ta biyu kuwa kana da gaskiya a wani ɓangare, zan dawo kanta.

Malam Ila, ba a nan gizo ke saƙa ba. Su waɗannan masu basira da ka ce sun samu fili, a ina suka koyi aikin? Akwai wata cibiya ta raya tunanin yara da matasa da ake kira Kanun, an kafa ta a 1965 da goyon bayan Farah, matar Shah. A can Abbas Kiarostami ya taimaka aka buɗe sashen fim, a can ya yi gajeren fim ɗinsa na farko a 1970. Bahram Beyzai da Amir Naderi duk sun yi aiki da ita. Juyi ya zo, aka kori sarki, amma ba a rufe Kanun ba. Sannan a 1983 sabuwar gwamnati ta kafa gidauniyar Farabi, tana ba da rance, tana samar da kayan aiki, ga bikin finafinai na Fajr da ake yi duk shekara a Tehran. Aka toshe shigowar yawancin finafinan Amurka, aka rage wa na gida haraji. Wanda ke riƙe da ma'aikatar al'adu daga 1982 zuwa 1992 shi ne Muhammad Khatami, kuma matsin masu tsattsauran ra'ayi ne ya sa ya ajiye aikin, suna zarginsa da sakin linzami. To ka ga makaranta, ka ga jari, ka ga kasuwar da aka killace musu. Abokina na jiya bai ambaci ko ɗaya ba, sanda kawai ya gani.

Sandar kuma ta ci mutane. Fardin ya rayu har 2000, amma bayan fim guda da ya fito a ciki a farkon shekarun 1980 ba a sake barinsa gaban kyamara ba. Jarumi Behrouz Vossoughi ya koma Amurka da zama. Mawaƙiya Googoosh ta yi shekara ashirin da ɗaya ba ta hau dandali ba.

Maman Sadiq:
Sannunku da muhawara. Ina ta karantawa ina jiran wani ya taɓo mata, shiru.

Ni ta hanyar yarana na shiga finafinan Iran. Wani dare aka kawo wuta, na kunna mana Bacheha-ye Aseman na Majid Majidi, na 1997, wanda yaro Ali ya kai takalmin ƙanwarsa Zahra gyara ya ɓatar. Sun san babansu ba shi da kuɗin wani, sai suka ɓoye, suna karɓa-karɓa da takalmin Ali: ita ta je makarantar safe ta dawo da gudu, shi ya zura ya ruga ta rana. Ya shiga gasar tsere don kyautar na uku takalmi ce, sai ya zo na ɗaya, ana ɗaukarsa hoto yana hawaye. Sadiq ɗina, yana aji uku lokacin, ya juyo ya ce, "Mama, me ya sa ba za su ba shi na ukun ba tunda shi yake so?" Ba ya jin Farisanci, ba ya iya karanta rubutun ƙasan, amma ba abin da ya wuce shi.

Daga baya na tambayi kaina, me ya sa yara suka cika finafinansu na wancan lokaci? Wani ɓangare na amsar doka ce. Mace ba ta fitowa sai da lulluɓi, ko da a ɗakin barcinta ne, ko da ita kaɗai ce a gida. Namiji da mace ba sa taɓa juna, ko da uwa da ɗa suke takawa. To ɗa ya dawo daga yaƙi bayan shekaru, uwarsa ta tsaya daga nesa tana kallonsa? Kowace uwa ta san ba haka ake yi ba. Shi ya sa wasu daraktoci suka guje wa cikin gida gaba ɗaya, suka koma kan yara, ko titi, ko ƙauye. Kiarostami ya yi wani fim a 2002 wanda daga farko har ƙarshe a cikin mota yake, mace na tuƙi, don a mota lulluɓinta gaskiya ne. Dabara ce mai kyau, na yarda. Amma ku ƙirga labaran da ba a ba mu ba saboda ita: mace da mijinta in an rufe ƙofa, mace da 'yarta da dare.

Kuma kar a ce matan sun zauna. Rakhshan Banietemad ta shafe shekaru tana fim a kan matan talakawan Tehran. Samira Makhmalbaf tana da shekara 20 ta karɓi kyautar alƙalai a bikin finafinai na Cannes a 2000. Tahmineh Milani kuwa a 2001 aka kama ta saboda fim, kuma zamanin da Khatami ke shugaban ƙasa ne, wanda ake cewa na sassauci.

Mai Kyamara:
Hajiya kin gama magana. Ni a cikin sana'ar nake, shekara goma sha ɗaya ina ɗauka. Dokar hana taɓa juna mu ma muna da ita, hukumar tace finafinai ta Kano tun 2001 take. In da doka ce ke haifar da fim mai kyau, da yanzu mun cika duniya. Na taɓa zuwa lokeshin aka miƙo mini labari shafi huɗu, aka ce kwana biyar za a gama, sauran maganar 'yan wasa su ƙirƙira a gaban kyamara. Furodusa na tsaye a kaina yana ƙirga kuɗin janareto. Ku kwatanta da Kiarostami da ya tare a ƙauyen Koker don labarin yaron da ya ɗauko littafin abokinsa bisa kuskure, yake neman gidansu ya mayar masa kafin malami ya kore shi. Labarin ke nan duka. Amma hanyar da yaron ke hawa a kan tudu, mai lanƙwasa kamar maciji, shi ya sa aka fitar da ita don fim ɗin. Wa zai ba ni kwana ɗaya in gyara hanya?

Abu Ammar:
Ni duk wannan bai dame ni ba. Mutanen da suke sa ɗan wasa ya fito a matsayin Annabin Allah, su ne za mu koyi tarbiyyar fim a wurinsu? Majidin da ake yabo shi ne ya yi fim a kan ƙuruciyar Manzon Allah, sallallahu alaihi wa sallam, a 2015, malaman Azhar suka yi tir da shi.

Abu Zahra:
Ba a nuna fuska a fim ɗin ba, ka bincika.

Abu Ammar:
A na Annabi Yusuf fa?

Shugaban Zaure:
Jama'a, a tsaya nan. Wannan mas'ala ce ta malamai, kuma mun san inda take kai mu in aka buɗe ta. Abu Ammar ya faɗi damuwarsa, an ji, kuma da yawa a nan suna tare da shi. A koma kan tarihi.

Baban Hanifa:
Na gode, shugaba. Abu Zahra, na yi alkawarin dawowa. Gaskiya ne kyaututtukan Yamma ba su rabu da siyasa ba. A 2013 fim ɗin Amurka a kan garkuwa da ma'aikatan ofishin jakadancinsu a Tehran ne ya ci babbar kyautar Oscar, kuma daga fadar White House matar shugaban ƙasa ta sanar. Ba wanda zai ce mini wannan ba saƙo ba ne. Gaskiya ne kuma abin da mutanen Tehran ke cika silima don kallo sau da yawa barkwanci ne, ba finafinan da ake kai wa Cannes ba.

Amma ka dubi Asghar Farhadi. Ya ci Oscar a 2012 da labarin mata da miji masu neman rabuwa, ga tsohon uba mai ciwon mantuwa, ga 'yar aiki mai tsoron Allah da ta buga waya tana tambayar malamai ko ya halatta ta wanke tsohon. Ya sake ci a 2017, ya ƙi zuwa karɓa saboda dokar Trump ta hana 'yan wasu ƙasashen Musulmi shiga Amurka. Wannan ɗan koren Turawa ne? Jafar Panahi kuma fa? A 2010 aka yanke masa ɗaurin shekara shida da haramcin yin fim na shekara ashirin. Ƙofar gudu a buɗe take ga irinsa, bai gudu ba. Ya yi fim a falonsa, ya yi wani a cikin tasi yana tuƙi a titunan Tehran, wanda ya ci babbar kyautar Berlin a 2015, wata ƙaramar yarinya daga danginsa ta hau ta karɓa tana kuka. Aka kulle shi a kurkukun Evin a 2022, sai da ya daina cin abinci aka sake shi a Fabrairu 2023. A 2025 ya ci babbar kyautar Cannes, ya hau jirgi ya koma gida. Mohsen Makhmalbaf ma ai ɗan juyin ne na gaske, yana matashi ya soki ɗan sandan Shah da wuƙa, ya yi shekaru a kurkuku har juyi ya fito da shi. Yau shi ma a waje yake zaune. In gida ya kasa riƙe irin wannan ɗa, ba Faransa za a tambaya ba.

Abu Zahra:
Ƙasar da aka yi wa juyin mulki daga waje a 1953, aka sa mata takunkumi shekara da shekaru, dole ta yi hattara da abin da ake fitarwa da sunanta. Ban ce duk hukuncin da aka yanke daidai ne ba. Na Panahi ni ma ya yi mini nauyi.

Maman Sadiq:
Hattara da 'yar fim? Bayan rasuwar Mahsa Amini, matashiyar da ta mutu a tsare bayan an kama ta kan hijabi, a Satumba 2022, Taraneh Alidoosti, jarumar fim ɗin Farhadi na biyu da ya ci Oscar, ta yi kusan sati uku a tsare saboda abin da ta rubuta a Instagram. Darakta Muhammad Rasoulof da aka yanke wa shekara takwas da bulala a 2024, a ƙafa ya tsallake duwatsu ya bar ƙasar. Yanzu akwai masu yin fim a ɓoye ba tare da neman izini ba, matan ciki kansu a buɗe a cikin gida kamar yadda kowace mace take a gidanta. Ni ina sa hijabina da zuciya ɗaya, ba wanda ya tilasta mini, shi ya sa abin yake yi mini zafi.

Malam Ila:
Na saurara, kuma na ƙaru, musamman zancen Kanun da Farabi, ban san su ba. Na yarda sanda kaɗai ba ta koya wa mutum sana'a. Amma ina nan a kan cewa al'umma na da haƙƙin ta ce ga iyaka. Fim ɗin takalmin da Hajiya ta kalla da 'ya'yanta ba tare da ta riƙe rimot tana tsallakewa ba, a cikin iyakar nan aka yi shi. Wannan ma abin dubawa ne. Inda na rabu da su shi ne ɗaure mutum don ya nuna talauci ko zalunci. Wannan ba kare tarbiyya ba ne, kare kujera ne, kuma Shah ma abin da ya yi wa mai saniya ke nan.

Ɗan Damagaram:
Ni dai saniyar nan ta tsaya mini a rai. Kakana makiyayi ne a wajen Tanut, fari na 1984 ya cinye masa garke, mahaifiyata ta ce daga nan bai ƙara yawan magana ba har ya rasu. Shi mai fim ɗin yana raye?

Baban Hanifa:
Allah ya jiƙan kaka. A'a, Mehrjui ya rasu. A Oktoba 2023 aka shiga gidansa a kusa da Karaj aka kashe shi da wuƙa, shi da matarsa Vahideh Mohammadifar, yana da shekara 83. 'Yarsu ce ta zo ta tarar da su. Kotu ta ce wani tsohon mai yi musu aikin lambu ne da abokansa, a kan rikicin kuɗi.

Fim ɗin baƙi da fari ne, kuma a hankali yake tafiya, kar ka kalle shi kana gaggawa.

Mai Kyamara:
Ina da shi a kwamfuta, da rubutun Turanci a ƙasa. In akwai mai jin Farisanci a zauren nan ya yi mini magana ta akwati, mu zauna mu sa masa rubutun Hausa. Maganar cikinsa ba ta da yawa, sati biyu ya ishe mu.

Abu Zahra:
Ina ji daidai gwargwado. Turo mini, amma sai bayan Juma'a.